Takobin da ke ɓoye a cikin kalmar "ensiform"

Wannan lacca ce da wani malamin kimiyyar halittu ya gabatar ga ɗaliban aikin jinya da na noma. An rubuto ta daga faifan da aka naɗa a zauren, an rage maimaici kawai.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Malamai 'yan uwana, ɗalibai maza da mata, barkanku da war haka.

Kafin in ce komai, kowa ya ɗora yatsansa a tsakiyar ƙirjinsa. Ku bi wannan ƙashin sannu a hankali har ƙasa, inda haƙarƙarin dama da na hagu suka rabu. Kun ji ɗan tsinin nan? Kada a danna da ƙarfi. To, a kan wannan ɗan abu, da kalmar da Turawa suka laƙaba masa, za mu yi zaman yau.

A makon jiya wata ɗaliba ta tare ni a bakin aji da littafinta a buɗe, ta ce, "Malam, wannan kalmar ta ƙi zama mini." Na duba, sai na ga ta ja layi ƙarƙashin "ensiform", ta rubuta ta ya fi sau goma a gefen shafi don ta haddace. Na tambaye ta abin da take gani a ranta idan ta faɗe ta. Ta ce ba komai, sauti ne kawai. Abin ya taɓa ni ƙwarai, domin yarinya ce mai ƙwazo, kuma ba laifinta ba ne. An ba ta kube ne, ba a nuna mata abin da ke ciki ba.

Kalmar ta Ingilishi ce, amma aro ce daga Latin, harshen Rumawan dā. Gida biyu gare ta: "ensis", wato takobi, da "forma", wato siffa ko ƙira. Idan ka haɗa, ka sami mai ƙirar takobi. Shi ke nan. Wanda ya fara faɗinta ya ga abu ne dogo, falle, mai baki biyu, yana tsukewa har ya kai tsini, sai ya ce wannan ai kamar takobi.

Sai dai a lura, ba kowane takobi ake nufi ba. Miƙaƙƙe ake nufi, mai kaifi biyu. Mu a nan ba mu da wahalar gane wannan, domin duk wanda ya taɓa tsayawa kallon hawan Sallah a Kano ko Katsina ko Damagaram ya ga irinsa a hannun mahaya, sun zare shi suna jinjina. Irin ƙirar ce dai Buzaye suke rataya, suna ce mata takoba. Lanƙwasasshen takobi irin na Farisa da Turkiyya kuwa kalmarsa daban, "acinaciform" ake ce wa abin da ya yi kama da shi. Ɗalibin da ya zana lanƙwasasshen ganye ya rubuta "ensiform" a ƙasa ya yi kuskure, ko da kuwa rubutun kalmar daidai ne.

Ingilishi yana da kalmomi huɗu ko biyar a kan wannan ma'ana guda, kowace da gidan da take kwana. Ta mutanen gari ita ce "swordlike", daga "sword", takobi, kuma ku sani ba a furta harafin w ɗin cikinta, "sod" ake cewa da ɗan ja. Ita ce za ka gani a jarida ko labari, kuma ita ce ake iya ara wa abin da ba ƙirarsa ake nufi ba, kamar magana mai yanka, yadda mu ma mukan ce wane bakinsa da kaifi. "Ensiform" ba ta zuwa can. Ba za ka ji Bature ya siffanta harshen mutum da ita yana nufin zafin magana ba. Aikinta ƙira ce zalla, a littafin tsirrai da na ƙwari da na jikin mutum. Akwai "gladiate", daga "gladius", gajeren takobin sojan Rum, ba a cika amfani da ita ba sai wajen masana tsirrai. Sannan akwai "xiphoid", daga "xiphos" na Girkanci, ita likitoci suka riƙe. Harafin x ɗin farkonta z ake furta shi, "zifoid" ko "zaifoid", duka ana ji.

Mu koma ƙirjinmu. Wannan ƙashin da kuka bi da yatsa kashi uku ne, kuma masu ilimin fiɗa na dā takobi guda suka gani a cikinsa. Na sama, mai faɗi, inda ƙasusuwan wuya suka dafa, suka ce masa "manubrium", wato mariƙi. Na tsakiya, dogon, ruwan takobin ke nan, tsofaffin littattafai suna kiransa "gladiolus", ɗan takobi. Na ƙasa shi ne tsinin. A littafinku na yanzu sunansa "xiphoid process", a littafin da malamanmu suka karanta kuwa "ensiform cartilage". Abu ɗaya ne, wancan ya ɗauki takobin Girka, wannan ya ɗauki na Rum. Ina roƙonku ku riƙe wannan, domin na sha ganin ɗalibi ya ɗauka gaɓoɓi biyu ne daban.

Ba abin mamaki ba ne su ga takobi a can. Jalinusu, likitan nan da Turawa ke kira Galen, wanda aka yi sama da shekara 1000 ana karanta rubutunsa a kan jikin mutum, ya fara aikinsa ne a birnin Fargamum, a ƙasar Turkiyya ta yau, wajajen shekara ta 157 Miladiyya, yana ɗinke raunukan mayaƙan da ake haɗawa a filin kallo. Sunan waɗannan mayaƙa, "gladiator", daga wancan "gladius" ɗin ya fito. Mutanen da takobi ke gabansu safe da yamma, da me za su kwatanta ƙashi mai tsini?

Da ilimin ya shiga hannun likitocin Musulmi, sai hoton ya ɗan sauya. Ibn Sina, wanda ya rasu a 1037, ya ambaci wannan guringuntsi a cikin Alƙanunu fiɗ Ɗibbi da sunan alhanjari, saboda kamarsa da hanjar, wuƙar nan ta ɗamara, ya kuma ce kariya ce ga bakin tumbi. Shi wuƙa ya gani.

Mu fa? Ku tambayi kowace tsohuwa a gidanku sunan wurin nan da kuka taɓa. Za ta ce muku ƙahon zuciya. Idan an nushi mutum a nan numfashinsa ya ɗauke, cewa ake an same shi a ƙahon zuci. Bahaushe ya shafa wurin, ya ji tsini mai ɗan lanƙwasa, ga shi mai kiwo ne, tumaki da awaki a tsakar gida, sai ya ga ƙaho. Wallahi ni a ganina sunanmu bai gaza nasu da komai ba. Ya ma ƙara da abin da nasu bai faɗa ba, ya gaya maka a maƙwabtan wa abin yake zaune. Don haka idan mara lafiya ya zo ya ce miki, "Malama, ƙahon zuciyata ke zafi," kada ki ɗauka bai san abin da yake faɗa ba. Ya nuna miki wurin daidai, da kalmar da ta dace. Saura ke ki tantance ko gyambon ciki ne, ko ƙwannafi, ko zuciyar ce da kanta, ko kuwa shi guringuntsin ne ya kumbura.

Ga abin da ya kamata ku sani game da shi. Tsawonsa 'yan santimita ne kaɗan. A yaro guringuntsi ne mai laushi, yana ta tauri sannu a hankali, ba ya gama zama ƙashi sai wajen shekara 40. Tantanin numfashi da ya raba ƙirji da ciki yana maƙale a jikinsa, haka ma naman gaban ciki. Kuma ƙirarsa ba ɗaya ba ce a jikin kowa: na wani ya rabu biyu a ƙarshe, na wani da ɗan rami a tsakiya, na wani ya turo gaba. Na taɓa ganin wani magidanci da ya rame bayan doguwar jinya, rannan yana wanka ya shafo wani ƙulli mai tauri a ƙasan ƙirjinsa. Kwana uku bai yi barcin kirki ba, ya ɗauka daji ne. Da aka duba, ƙahon zuciyarsa ne da yake tare da shi tun haihuwa, ƙiba ce ta rufe shi a da. Da aka kama yatsansa aka ɗora a ƙirjin ƙanensa ya ji irinsa, sai ya sauke ajiyar zuciya, ya yi ta hamdala.

Inda sanin wannan tsini ya zama batun rai shi ne wajen danna ƙirji don farfaɗo da wanda zuciyarsa ta tsaya. Ana ɗora tudun tafin hannu a rabin ƙasa na ƙashin ƙirji, a danna zurfin santimita 5 zuwa 6, sau 100 zuwa 120 a minti. A ruwan takobin ake dannawa, ba a tsininsa ba. Idan hannu ya zame ƙasa, tsinin yana iya karyewa, kuma hanta na nan kusa a bayansa. Wanda ya san takobi ne a kwance da tsininsa ƙasa, hannunsa ba zai manta inda zai tsaya ba.

Yanzu 'yan sashen noma, ga naku. Wani masani ɗan ƙasar Suwidin, Carl Linnaeus, shi ya daidaita yadda ake siffanta tsirrai da raɗa musu suna, musamman a littattafansa na 1751 da 1753. A lokacin babu kyamara. Mutum yana Indiya ko Afirka zai rubuta wa wani a Turai yadda ganye yake, dole kalma ɗaya ta tsaya a madadin zane. Sai suka shiga ɗakin makamai suka kwaso. Ganyen mangwaro, mai faɗi a ƙasa da tsini a sama, kan mashi ne, "lanceolate". Ganyen gwaza, mai kunnuwa biyu a baya, kan kibiya ne, "sagittate". Wanda ya lanƙwashe lauje ne, "falcate". Ganyen abarba kuwa, ku tuna yadda yake fitowa daga gindi, dogo, mai ƙarfi, gefe biyu a miƙe har da ƙayoyi, ya tafi ya ƙare da tsinin da zai soke ka, to irin wannan ake ce wa "ensiform". Ganyen albasa dogo ne shi ma, da tsini, amma zagayayye ne mai rami, ba shi da baki biyu, don haka bai shiga ba.

Furen nan da ake kira "gladiolus" saboda ganyensa aka raɗa masa sunan, ɗan takobi. Turawa na ƙawata lambu da shi, amma yawancin ire-irensa 'yan asalin Afirka ne, musamman kudancinta. Akwai kuma wani wake mai doguwar kwasfa falle, wadda takan kai santimita 30, sunansa na kimiyya Canavalia ensiformis, ɗan uwansa kuma Canavalia gladiata. Kun ga takubba biyu a gida ɗaya. Daga na farkon ne wani Ba'amurke, James Sumner, ya tace sinadarin "urease" a 1926, ya nuna cewa sinadaran da ke hanzarta aiki a jikin halitta furotin ne, aikin da ya ba shi kyautar Nobel a 1946.

Abin da na fi so in nuna muku yana cikin kwalbar nan. A miƙa ta baya kowa ya gani. Gyare ne, mace. Ku dubi bayanta, tsakanin 'yan gashin nan biyu akwai wani dogon tsinke. Ba harbi take yi da shi ba. Da shi take huda ƙasa mai danshi ta ajiye ƙwai. Saboda wannan tsinken ne aka kira dangin gyare gaba ɗaya Ensifera, wato masu ɗauke da takobi, aka raba su da dangin fara, waɗanda nasu gajere ne. A wasu 'yan uwan gyare masu kore, da ke kwana a ganye, abin falle ne sosai, ka rantse maƙeri ne ya ƙera. Suna iri ɗaya aka ba wani ɗan tsuntsu mai shan ruwan fure a duwatsun Andis na Kudancin Amurka, Ensifera ensifera, wanda bakinsa ya fi gangar jikinsa tsawo, har da ƙafa yake gyara gashinsa don bakin ba ya kaiwa. A teku kuma ga kifin da Linnaeus ya kira Xiphias gladius a 1758, ya haɗa masa takobin Girka da na Rum a suna ɗaya. Bakinsa falle ne, kuma sara yake yi da shi ya raunata ƙananan kifaye kafin ya haɗiye.

Na ga hannu a baya. Bismillah, 'yata.

Tambayarta ita ce, a jarrabawa wanne za ta rubuta cikin sunayen nan biyu na ƙahon zuciya. Ki rubuta "xiphoid process", shi ne sunan da aka tsayar a littattafan yanzu. Idan kika ci karo da "ensiform" a tsohon littafi ko a bakin tsohon likita, ki san abu ɗaya ake nufi. A gaban mara lafiya kuwa ki ce ƙahon zuciya.

Ɗan uwa na gefen taga yana tambaya ko akwai irin waɗannan kalmomi da suka shigo Hausa. Akwai, kuna faɗinta kullum. Sikila. Daga "sickle" ta fito, wato lauje. Wani likita a Chicago, James Herrick, ya bayyana a 1910 cewa ya ga ƙwayoyin jinin wani ɗalibi sun lanƙwashe kamar lauje, maimakon su zama zagayayyu. Lanƙwasar nan ce ke sa su maƙale a ƙananan jijiyoyi, jini ya kasa wucewa, yaro ya kwana yana kukan ciwon ƙashi. Idan za ku yi wa uwa bayani, ku zana mata ƙwayar lafiya kamar faifai, ku zana ta ɗanta kamar lauje, sannan ku gaya mata dalilin da ya sa ake so ya yawaita shan ruwa, a kuma kare shi daga sanyi.

An yi mini alama lokacin sallah ya gabato. A dawo mini da kwalbar gyaren nan kafin a fita, zan sake ta a lambu. Wassalamu alaikum wa rahmatullah.