Darasi: Ƙawata Holin Biki da Kuɗi Kaɗan a Legas

Assalamu alaikum 'yan uwa, barkanmu da warhaka. Yau muna wani holin biki a nan Agege. Kun dai gan shi: bango fari duk shatin hannu, silin da tabon ruwan sama, kujerun roba, ga dogayen ƙwayayen lantarkin nan masu farin haske. Gobe da yamma ake kamu a nan, uwar amarya kuma ta faɗa min gaskiya, kuɗin hol da na abinci sun cinye kusan komai. Da ɗan abin da ya rage za mu yi aiki.

Ki fara cire ranki daga ƙawata hol gaba ɗaya. Wuri ɗaya idon kowa yake, inda amarya za ta zauna. Nan mai hoto zai kafa ƙafa, nan za a yi liƙi, nan ƙawaye za su jeru da wayoyinsu. Kuɗinki ya tafi can. Sauran bangon a bar shi, in mata suka cika wurin da ankonsu ba mai kallonsa.

Auta, miƙo min bututun nan. Wannan na masu aikin famfo ne, na roba, mai inci ɗaya da rabi, da shi za mu haɗa abin rataya labule a bayan kujerar amarya. Kada ki ɗauki siriri don araha, yadi na hawa kansa zai lanƙwashe a tsakiya. Tsayi ƙafa 8, faɗi ƙafa 10, gwiwa biyu a sama, wato mahaɗin bututu mai lanƙwasa, su za su haɗa na kwance da ƙafafu biyu na tsaye. Ƙafafun kuma cikin tsofaffin bokitan fenti, a cika su da yashi. Me ya sa ba mu kafa a bango ba? Masu hol a garin nan ba sa yarda a buga ƙusa, kina bugawa sun riƙe kuɗin ajiyar da aka ba su. Selotef kuma ba ya kama bango a Legas saboda danshin iska, balle da damina. Ki manna da safe, kafin la'asar ya saki.

Yanzu yadi, nan nake so ku saurara da kyau, don a nan ake yawan asarar kuɗi. Shifon na sayo. In kina da lokaci ki shiga Balogun cikin Eko, in ba ki da shi Oshodi ta fi mana kusa. Mutum ya auna ƙafa 10 ya sayo yadin da zai rufe ƙafa 10 cif, sai ya rataya ya ga abu a miƙe, ba kyan gani. Tattara ce kwalliyar, saboda haka ki ninka faɗin sau biyu da rabi, ƙafa 25 ke nan. Shifon yawanci faɗinsa inci 60 ne, wato ƙafa 5, kin ga falle biyar kike buƙata. Kowane falle yadi 3, ƙafa 9 ke nan, yadi 15 gaba ɗaya. Ƙafa ɗayan da ta yi rara ba asara ba ce. Tela zai naɗe inci huɗu zuwa biyar a sama ya ɗinke, kamar ƙubakar wando inda ake zura zariya, nan bututun zai shiga. Sauran ya kwanta a ƙasa ya rufe mana bokitai. Ki ce wa tela ya bar ƙubakar da yalwa, in ta matse sai yadin ya ƙi tafiya a kan bututu, kina ja yana yagewa.

Zura min wancan gefen. A'a, tsaya, cire gwiwar tukuna, sai yadi ya gama shiga ake mayar da ita. Yauwa. Sai ki bi da yatsu kina raba tattarar daidai, ki ja baya ki duba, ki dawo ki gyara. Kada ki yi gaggawa a nan.

Kun lura ana hango bangon ta cikin shifon ɗin? Maganinsa farin zanin gado biyu daga gida, a goge su, a maƙale ta baya da fil. Tsakanin zanin gadon da shifon za mu sako ƙananan fitilun ado, su sauko daga sama. Ni masu hasken rawaya-rawaya nake so, suna fito da kwalliyar amarya da lallenta. Farin haske yana sa hoda ta yi toka a hoto. Ki roƙi mai hol ya kashe dogayen ƙwayayen da ke saitin kujerar amarya, ki kuma tambaye shi ko soket ɗin nan yana kan layin janareta, kada NEPA ta ɗauke wuta ana tsakar kamu bayan amarya ya yi duhu. Fankar da ke kusa ma a juya kanta, in ba haka ba labule zai yi ta tashi.

Fulawar ado ta roba ce, kuma ba na warwatsa ta. Kusurwa ɗaya ta sama nake tara ta, ta yi nauyi ta zubo gefe. Ƙarƙashinta ganyen kwakwa, wanda garin nan ba a rasa shi, a yanko da safiyar biki. Da igiyar robar nan ta masu haɗa wayar lantarki nake ɗaurewa, ta fi gam, kuma bayan biki ki yanke ki adana fulawarki. Balan-balan ba na sa wa kamu, na bar wa bikin suna. In dole sai kin sa, kada ki hura shi tam, zafi na fasa shi.

Gaban kujera kuwa babu abin saye. Darduma mai kyau daga falon uwar amarya, tum-tum biyu, faifai, ƙwarya, da kaskon turaren wuta can gefe nesa da shifon, don yadin nan ba ya wasa da wuta. Baƙinmu Yarabawa in sun zo nan suke tsayawa ɗaukar hoto, abin yana burge su sosai. Rigar kujera kan kowace ɗaya ake biyan haya, to layi biyu na gaba kawai za mu sa wa, inda iyaye za su zauna.

Wadda ba ta son wahalar sayen bututu da yadi, muna ba da hayar wannan ɗin yadda yake, har Idi-Araba da Mile 12 muna kaiwa, ki turo saƙo kawai. Amma ki yi magana da wuri, kuma kayan su kwana kusa da hol, don goslon Legas ba ya san ana biki. Ki tabbatar da ƙarfe nawa za a buɗe miki, ranar Asabar wani taron na fita wani na shiga.

Auta, kunna fitilun mu gani. Masha Allah. Ƙara yashi a bokitin hagu, na ga yana ɗan karkata. Bari mu ɗauko kujerar amarya mu gwada tsayinta da labulen.