Wa Ya Faɗa? Lacca Kan Gyaran Maƙalar Albam ɗin Marvin Gaye

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Malamaina, 'yan uwa editoci, da ƙannena da suka shigo wannan aiki kwanan nan, barkanmu da war haka.

An nemi in yi magana kan yadda ake tantance bayani kafin a saka shi a Wikipedia. Ba zan karanto muku dokoki ba, suna nan a rubuce, kowa zai iya dubawa. Maƙala guda ɗaya na ɗauko, wadda mu uku muka yi mako biyu muna gyarawa a shafin gwaji, ina so mu bi ta tare ku ga inda ƙafa ke zamewa. Maƙalar a kan wani albam ce na mawaƙin Amurka Marvin Gaye, mai suna What's Going On, wato "Me ke faruwa?"

Bari in fara da abin da babu jayayya a kansa. Albam ɗin ya fito ranar 21 ga Mayu, 1971, a ƙarƙashin Tamla, reshen kamfanin Motown na birnin Detroit. Waƙoƙi tara ne, tsawonsu duka kamar minti 35, yawancinsu an ɗinke su ɗaya na zuba cikin ɗaya. Suna magana kan yaƙin Biyetnam, talauci a unguwannin baƙaƙen fata, ƙwaya, da gurɓata ƙasa da ruwa. Ƙanin mawaƙin, Frankie, soja ne da ya je Biyetnam ya dawo. Abokiyar waƙarsa Tammi Terrell ta rasu a watan Maris na 1970 tana da shekara 24, kuma rasuwar ta taɓa shi matuƙa. Waɗannan duk inda ka buɗe haka za ka tarar.

Kuskuren farko nawa ne. Na rubuta cewa Marvin Gaye ya rasu yana da shekara 45. An haife shi 1939, ya mutu 1984, na yi lissafi a ka na wuce. Washegari wata ƙanwarmu, wadda ba ta fi wata uku da fara gyara ba, ta bar mini saƙo a shafin tattaunawa: "Malam, a duba shekarun nan. An haife shi 2 ga Afrilu, an harbe shi 1 ga Afrilu. Saura kwana ɗaya ya cika 45." Gaskiyarta. Shekara 44 yake da ita lokacin da mahaifinsa ya harbe shi a gidansu a Los Angeles. Na ji daɗin wannan saƙo ƙwarai, domin ta koma ga ranakun da kanta, ba ta ce tunda babba ne ya rubuta shi ke nan ba. Sannan a wannan layin dai, ɗayan abokin aikinmu ya ga an rubuta sunan mahaifin "Gay", ya ɗauka harafi ne ya faɗi, ya ƙara masa "e". To, ba faɗuwa ya yi ba. Sunan gidansu Gay ne, ɗan ne ya ƙara harafin a sunansa bayan ya shiga harkar waƙa. Wani lokaci gyara shi ke kawo ɓarna, in mai gyaran bai tsaya ya tambaya ba.

Na biyu matsalar harshenmu ce. Mu "faifai" muke cewa, ko waƙa ɗaya ce a kai ko goma. Nan kuwa suna ɗaya ne a kan abu biyu: akwai waƙar da aka saki ita kaɗai a watan Janairu na 1971, akwai albam ɗin da ya biyo baya a Mayu. Waƙar ta kai matsayi na 2 a jadawalin waƙoƙin da suka fi kasuwa na mujallar Billboard ta Amurka, albam ɗin kuma ya kai na 6 a nasa jadawalin. A rubutunmu na farko mun cakuɗa su, aka ba albam matsayin waƙa. Kowace lamba daidai take, amma an zaunar da ita a kujerar da ba tata ba. Tun daga nan muka yanke cewa "waƙa" da "albam" za mu riƙa rubutawa, mu ajiye "faifai" sai inda ake nufin abin da ake ɗorawa a garmaho.

Yanzu ga wurin da nake so mu daɗe.

Akwai labarin da duk mai son wannan albam ya sani. Ana cewa da aka kai wa Berry Gordy, mai kamfanin Motown, waƙar, ya saurara ya ce ita ce mafi munin abin da ya taɓa ji a rayuwarsa, ya hana a sake ta. Marvin Gaye ya yi yaji, ya ce ba zai sake rera komai ba sai an saki wannan. Daga baya wasu manyan kamfanin suka fitar da ita a bayan idon Gordy, ta yi kasuwa, shi kuma ya dawo yana neman albam cikakke cikin gaggawa. Labari ne mai daɗi, yana da mai taurin kai, yana da gwarzo, yana da ranar da gaskiya ta yi halinta. Mun rubuta shi sak haka, kai tsaye: "Gordy ya ce kaza." Mun ma jera masa madogara huɗu, jaridu da mujallu masu suna.

Sai muka zauna muka bi madogaran nan huɗu ɗaya bayan ɗaya da tambaya guda: wa ya ji Gordy ya faɗa? Babu ɗaya daga cikin marubutan da yake ɗakin. Kowa daga wani ya kwaso. Madogara huɗu da suka ɗebo daga rijiya ɗaya, ai ruwa ɗaya ne a tulu huɗu. Kuma abin da ya fi wannan: Gordy da kansa ya musanta labarin a hirar da aka yi da shi bayan shekaru. Ya yarda ya ji tsoron waƙar zanga-zanga za ta ɓata wa mawaƙinsa kasuwa, tunda an san shi da waƙoƙin soyayya, amma ya ce bai hana ta fita ba.

To me edita zai yi? Abokinmu ɗaya ya ce a goge labarin gaba ɗaya. Ban yarda ba, har yanzu kuma ban yarda ba. Labarin ya zama wani ɓangare na tarihin albam ɗin, mai karatu zai ji shi a wani wuri, gara ya same shi a wurinmu da cikakken bayaninsa. Haka kuma ba mu da ikon mu ce Gordy ƙarya yake, ko mu ce shi ne mai gaskiya. Mutum na iya gyara tarihinsa in ya tsufa, mutanen da suka yi aiki a ƙarƙashinsa su ma suna iya ƙara gishiri. Abin da muka rubuta a ƙarshe jimla biyu ne: masu rubuta tarihin Gaye sun ruwaito cewa Gordy ya ƙi waƙar da farko da kakkausar murya, Gordy ya musanta hakan, ya ce damuwarsa kasuwa ce. Kowace jimla da madogararta. Ku tuna kuma, lokacin da muke wannan gyara mutumin yana raye, kuma Wikipedia ta fi tsaurara doka a kan abin da za a jingina wa rayayye.

Mu da muka taso muna jin malamai suna cewa "wane ya ruwaito daga wane", wannan tambaya ba baƙuwa ba ce a wurinmu. Ba ina haɗa darajar fannonin ba ne, hanyar kawai nake nunawa. Kalmar da nake so ku ji tsoronta a maƙala ita ce "an ce". A hira tana wucewa, amma a kundin sani in ka rubuta "an ce", ka ɓoye mai maganar ke nan, mai karatu ba shi da wanda zai tuhuma.

Irin wannan ya sake tasowa a kan makaɗin jitar bes, James Jamerson. Ana ba da labarin cewa an ɗauko shi daga wata mashaya cikin dare, bai iya zama a kujera ba, ya kwanta rigingine a ƙasa ya kaɗa waƙar farko. Jamerson ya rasu tun 1983. Mun bar labarin, amma a matsayin abin da waɗanda suka yi aikin suka tuna. Abin da muka gyara da ƙarfi shi ne cewa da muka yi shi ya kaɗa bes a albam ɗin duka. Ba haka ba ne, Bob Babbitt ne ya kaɗa a wasu waƙoƙin, har da biyu daga cikin ukun da suka fi shahara. Wannan ya dame ni, domin a wannan albam ne Motown ta fara buga sunayen makaɗanta na cikin gida, waɗanda ake kira Funk Brothers, bayan shekaru suna kiɗa babu wanda ya san su. Kamfani ya ba mutum haƙƙinsa a 1971, sai mu mu zo mu sake share shi da sakaci.

Haka wanda ya faro waƙar. Renaldo Benson ne, na ƙungiyar Four Tops, bayan ya ga 'yan sanda suna dukan masu zanga-zanga a Berkeley ta Kalifoniya a watan Mayu na 1969. Shi da Al Cleveland suka fara tsara ta, Gaye ya karɓa ya sake mata fasali. Sunaye uku ne a kanta, don haka ba a rubuta "waƙar da Marvin Gaye ya rubuta" a yi shiru.

Sai yabo. Mun buɗe maƙalar da cewa shi ne albam mafi kyau a tarihi. Wa ya auna? Abin da za a iya tabbatarwa shi ne mujallar Rolling Stone ta sa shi na 1 a jerin albam 500 da ta fitar a 2020, alhali a jerinta na 2003 na 6 ne. Waƙoƙin ba su canza ba, masu zaɓen ne suka canza. Faɗin shekarun biyu ya fi koya wa mai karatu wani abu a kan kalmar "mafi kyau". Adadin ciniki kuwa mun cire shi, domin lambobin da muka gani ba su dace da juna ba.

Game da zamanmu da juna a aikin nan, roƙo ɗaya nake yi. In za ka soke gyaran ɗan uwanka, rubuta dalili a taƙaitaccen bayanin gyara, in abin na da tsawo ka kai shi shafin tattaunawa. Na san matasa da suka bar aikin nan saboda sun kwana suna rubutu, suka tashi suka ga an share ba ko sannu. Saƙon ƙanwar nan tamu layi biyu ne, ta kawo ranar haihuwa, ta kawo ranar mutuwa, ta bar ni in gyara da hannuna.

Akwai abu ɗaya da har yau ba mu daidaita a kansa ba, shi ne sunan salon kiɗan, wanda da Turanci ake kira "soul". Manhajar fassara ta ba mu "kiɗan rai", wani ya kawo "kiɗan ruhi". Ni na tsaya a kan a bar shi "soul", a bi shi da jimla ɗaya mai bayani: salo ne na baƙaƙen fatar Amurka da ya tsiro daga waƙoƙin coci da kiɗan blues a shekarun 1950 da 1960. Dalilina shi ne Bahaushe in ya ga "kiɗan ruhi" zai tafi wani wuri dabam, wataƙila ma bori ya faɗo masa a rai. Abokaina biyu suna ganin barin kalmar haka gazawa ce ga Hausa, kuma hujjarsu ba ta banza ba ce. Maganar tana nan a buɗe a shafin tattaunawa, kuma ina so mu fara tambayoyi da ita. Malama da ke can gefe, na ga tun ɗazu hannunki a sama yake, bismillah.