Bijimin da Aka Haifa Babu Ƙaho

Ku kawo hoton kan wani bijimi a zuciyarku. Babu ƙaho, kuma ba yanke shi aka yi ba. Haka aka haife shi a Amurka a shekarar 2015, bayan wani kamfani mai suna Recombinetics ya sauya ƙwayoyin halittarsa. Niyyar ma ba ta mugunta ba ce. Masu kiwon shanun madara kan ƙone tushen ƙahon maruƙa tun suna ƙanana don kada su caki juna, kuma abin yana da zafi sosai. To me zai hana a haife su babu ƙahon?

Kamfanin ya ce aikin ya fita tsaf. Sai a 2019 masana a hukumar abinci da magunguna ta Amurka, FDA, suka sake duba bayanan. Suka tarar da guntun DNA (sinadarin da ke ɗauke da bayanan gado na halitta) na bakteriya manne a cikin DNA ɗin bijimin, har da ƙwayoyin halittar da ke sa bakteriya ta gagari maganin kashe ƙwayoyin cuta. Ta ina ya shiga? Ana amfani da wani ɗan zoben DNA na bakteriya wajen kai umarnin gyaran cikin ƙwayar halitta. Ɗan aike ne, ya kamata ya isar da saƙo ya tafi, sai ya samu wuri ya zauna. Shekara huɗu babu wanda ya lura, domin idon masu binciken yana can wani wajen. Shirin kiwon irin waɗannan shanu a Brazil daga nan ya tsaya.

Ga dabba ke nan. A Nuwamba 2018, wani masani ɗan China, He Jiankui, ya sanar cewa an haifi tagwaye mata waɗanda ya yi wa gyara da CRISPR, fasahar yanka da gyara DNA, tun suna ƴan tayi. Ya nufi hana ƙwayar halittar CCR5 aiki, wadda ke samar da ƙofar da cutar ƙanjamau ke bi ta shiga ƙwayoyin jiki. Sai dai ƙwayar halitta ɗaya ba aiki ɗaya take yi ba: mutanen da CCR5 ba ta aiki a jikinsu, zazzaɓin West Nile, wanda sauro ke yaɗawa, ya fi yi musu tsanani. Gyaran kuma bai fita yadda ya tsara ba. Abin da ya fi tayar da hankali a ganina shi ne, irin wannan sauyi yana iya bin ƴaƴa da jikoki, waɗanda babu wanda ya nemi yardarsu. A Disamba 2019 kotu a Shenzhen ta ɗaure He Jiankui shekara uku.