Yadda aka tura Poland yamma, aka kwashe Jamusawa miliyan 12 daga gidajensu

Hauwa: Assalamu alaikum masu sauraro, barkanmu da sake haɗuwa. Ni ce Hauwa, ga Malam Sani a gefena, ga kuma Bashir da ya shigo da taswira har biyu a hannu. Bashir, me ka zo mana da shi?

Bashir: Yaya Hauwa, ɗaya taswirar Jamus ce ta 1937, ɗayar kuma ta yau. In kika jera su za ki ga gabashin ƙasar duk babu shi. Kusan kashi ɗaya cikin huɗu na ƙasar ya tafi. Shi ne na ce bari in tambayi Malam, mutanen da ke zaune a wurin ina suka shiga?

Malam Sani: Korar su aka yi, wasu kuma suka gudu tun kafin a kore su. Daga ƙarshen 1944 zuwa 1950, Jamusawa tsakanin miliyan 12 zuwa 14 ne suka bar gabashin Turai. Amma in kana son ka gane, ka ajiye Jamus tukuna, ka fara da Poland. Stalin, shugaban Tarayyar Sobiyet, ya riga ya karɓe gabashin Poland tun 1939, lokacin da suka yi rabon ƙasar shi da Hitler, kuma ya ce abin da ya shiga hannunsa ba zai fita ba. To Birtaniya saboda Poland ta shiga Yaƙin Duniya na Biyu. Da wane ido za ta kalli 'yan Poland ta ce rabin ƙasarsu ya tafi?

Hauwa: Sai a biya su da ƙasar wani ke nan.

Malam Sani: Kin gama magana. A taron Tehran, ƙarshen 1943, Churchill, firaministan Birtaniya, ya ɗauki tsinken ashana uku ya jera a kan tebur: ɗaya Tarayyar Sobiyet, ɗaya Poland, ɗaya Jamus. Ya tura na farko yamma, ya ture na biyu, na biyun ya ture na uku. Stalin ya ji daɗin abin. Poland ta rasa kimanin murabba'in kilomita 180,000 a gabas, aka ba ta kimanin 100,000 a yamma da arewa, iyakarta ta koma bakin kogin Oder da na Neisse. Breslau ya zama Wrocław, Stettin ya zama Szczecin. Königsberg kuwa Stalin ya riƙe wa kansa, a 1946 ya sa masa suna Kaliningrad, kuma har gobe yana hannun Rasha.

Bashir: Malam, a ja iyaka daban, a kwashe mutane daban. Me ya hana a bar su a inda suke, su zama 'yan Poland?

Malam Sani: Hitler ne ya ɓata wannan hanyar. Da sunan kare Jamusawan ƙasashen waje ya yi ta cinye maƙwabta. A 1938 ya ce ana zaluntar Jamusawan yankin Sudeten a Chekoslobakiya, aka taru a Munich aka yanka masa yankin, bayan wata shida ya haɗiye sauran. A 1939 ya fake da birnin Danzig ya afka wa Poland. Saboda haka manyan ƙasashen suka ce muddin akwai Bajamushe a wajen Jamus, wata rana wani zai sake fakewa da shi. A Disamban 1944 Churchill ya tsaya a majalisar Birtaniya ya ce kora ita ce hanyar da za ta fi ɗorewa, za a yi shara ne tas. Abin da suke hange shi ne musayar jama'a da Girka da Turkiyya suka yi a 1923.

Hauwa: Amma ka ce wasu sun gudu tun kafin a kore su.

Malam Sani: Miliyoyi ma. A Janairun 1945 sojan Sobiyet suka kutso Prussia ta Gabas, lardin Jamus na can ƙarshen gabas, suna tafe da fushin abin da aka yi wa ƙasarsu. An yi kisa, an yi wa mata fyaɗe ba adadi. Abin haushi, shugabannin Nazi na yankin sun hana mutane tashi da wuri, wai tashi alamar karaya ce. Sai da wuta ta iso bakin ƙofa suka ce kowa ya yi ta kansa. Ki duba lokacin: tsakiyar hunturu, dusar ƙanƙara ta rufe hanya, maza suna fagen daga. Mata da yara da tsofaffi ne a kan keken doki. Da aka tare hanyar ƙasa, sai suka bi ta kan wani tafki da ya daskare a gaɓar tekun Baltic, jiragen sama na harbinsu, ƙanƙarar na fashewa, keke da doki da mutanen ciki su nutse gaba ɗaya.

Bashir: Inna lillahi. A nan ne maganar jirgin ruwan nan ta shigo?

Malam Sani: Wilhelm Gustloff. Ran 30 ga Janairu 1945 ya tashi daga tashar Gdynia maƙil da 'yan gudun hijira da wasu sojoji, jirgin yaƙin Sobiyet mai nitso ya harbe shi. Kusan mutum 9,000 suka mutu a dare ɗaya, da yawansu yara. Babu jirgi guda da ya taɓa nitsewa da rayuka masu yawan haka.

Hauwa: To bayan an ajiye makamai fa?

Malam Sani: Nan ne aka shiga watannin da kowa ke yin abin da ya ga dama. A Chekoslobakiya, gwamnatin Edvard Beneš ta fitar da dokoki da suka ƙwace wa Jamusawa dukiya da takardar zama ɗan ƙasa. Aka sa su ɗaura farin ƙyalle a damtse don a gane su. A birnin Brno, daren 30 ga Mayu 1945, aka tara mutum sama da 20,000, yawanci mata da yara da tsofaffi, aka tasa ƙeyarsu a ƙafa zuwa iyakar Ostiriya. Atini ya ɓarke a sansanin da aka zube su a garin Pohořelice, kuma ana ƙiyasta kimanin 1,700 ne suka mutu. Ran 31 ga Yuli, a Ústí nad Labem, rumbun makamai ya fashe, aka ce Jamusawa ne, aka yi ta jefa mutane cikin kogin Elbe daga kan gada.

Bashir: Allah ya gafarta Malam, ni fa a nan zan ɗan ja da baya. Mu faɗi gaskiya, su waye suka fara? Poland ta rasa mutum kusan miliyan 6, rabinsu Yahudawa. An rushe Warsaw da gangan, gida-gida. An kori 'yan Poland daga yammacin ƙasarsu aka zuba Jamusawa a gonakinsu. A Chekoslobakiya an shafe ƙauyen Lidice a 1942. Kuma Jamusawan Sudeten ɗin nan, ai tun zaɓen 1935 mafi yawansu jam'iyyar Konrad Henlein suka zaɓa, mutumin Hitler. Ramin mugunta aka ce a gina shi gajere.

Hauwa: Haba Bashir. Wanda ya haƙa ramin shi ne ya faɗa? Yaron da aka haifa a 1940 wa ya zaɓa? Tsohuwar da kakanninta suka yi shekara 700 a Silesia, yankin da Breslau yake, ita ta rushe Warsaw? Mu da aka karantar da mu cewa wani rai ba ya ɗaukar laifin wani.

Bashir: Ban ce daidai ba ne, Yaya. Cewa na yi kada a ba da labarin kamar daga 1945 ya fara.

Malam Sani: Kowannenku ya riƙo gefe guda, kuma su kansu masana tarihin Jamus da Poland sun yi shekaru suna wannan jayayyar. Ni dai ra'ayina, in aka fara labarin daga 1945 an yi ƙarya, in aka ce 1939 ta wanke duk abin da ya biyo baya nan ma an yi ƙarya. Akwai Jamusawan Sudeten 'yan jam'iyyar ma'aikata da suka yi adawa da Hitler, wasu har sansanin gwale-gwale suka shiga, amma ƙarshenta mafi yawansu su ma barin ƙasar suka yi. Galibi ba a tambayi mutum me ya aikata ba. Harshen da yake yi a gida aka duba.

Hauwa: Manyan ƙasashen suna kallo?

Malam Sani: Suka sa hannu ma. A taron Potsdam, daga 17 ga Yuli zuwa 2 ga Agusta 1945, Truman na Amurka da Stalin da Attlee, wanda ya gaji Churchill ana tsakiyar taro, suka amince a kwashe Jamusawan Poland da Chekoslobakiya da Hangari, wai cikin tsari da mutuntawa. Tsarin ya ɗan samu a 1946. Daga Chekoslobakiya, jirgin ƙasa guda tarago 40, kowane tarago mutum 30, jimla 1,200, kowa da kayan da ba su wuce kilo 50 ba. Ki zauna ki lissafa kilo 50: bargo, tukunya, takalmin yara, takardun gida. Da yawa sun kulle ƙofa sun sa makulli a aljihu, suna ganin wata shida za su dawo. Kusan miliyan 3 aka fitar daga ƙasar kaɗai. Adadin waɗanda suka mutu gaba ɗaya har yau ana saɓani: gwamnatin Jamus ta Yamma ta daɗe tana cewa kimanin miliyan 2, bincike na baya-baya kuma ya tsaya wajen 500,000 zuwa 600,000.

Bashir: Gidajen da suka bari, wa ya shiga?

Malam Sani: Yauwa, nan ne nake so ku tsaya ku duba da kyau. Da yawan waɗanda suka shiga su ma korarru ne. Kimanin 'yan Poland miliyan ɗaya da rabi aka kwaso daga yankunan da Stalin ya riƙe, irin su Lwów da Wilno, aka loda su a taragun kaya, aka sauke su a garuruwan da ba su taɓa gani ba. A wasu gidajen, iyalin Poland da iyalin Jamus sun yi watanni suna girki a murhu ɗaya kafin jirgin na biyun ya zo. Malaman jami'ar Lwów su ne suka tayar da jami'ar Wrocław. Har mutum-mutumin marubucinsu Aleksander Fredro aka ɗauko daga Lwów, a 1956 aka kafa shi a dandalin kasuwar Wrocław, daidai inda na wani sarkin Prussia ya taɓa tsayawa. Kuma sababbin mazaunan sun yi shekaru ba sa gyara rufi, ba sa shafa fenti, don ba su yarda wurin zai tabbata nasu ba.

Hauwa: Ikon Allah. Su kuwa da suka isa Jamus, ai sun isa gida, ko?

Malam Sani: Ina! Ƙasa ce da aka rushe, babu abinci babu masauki. Hukuma ce ke zuwa gidan manomi ta ce ɗakin nan da wancan na baƙi ne, ko yana so ko ba ya so. Ana yi musu gorin karin harshe, ana kiransu mabarata. A 1950 kusan miliyan 8 ne a Jamus ta Yamma, miliyan 4 a ta Gabas, inda suka kai kusan kashi ɗaya cikin huɗu na jama'a. Gwamnatin gurguzu ta Gabas ta hana su kafa ƙungiya, ta rufe bakin maganar.

Bashir: Mutum miliyan 8 masu ciwon rai, a ƙasar da ba ta daɗe da fitowa daga hannun Hitler ba. Me ya hana su tayar da wata fitinar?

Malam Sani: A ganina kuɗi da aiki. A 1952 Jamus ta Yamma ta yi dokar raba nauyi: duk wanda dukiyarsa ta tsira daga yaƙi, gida ko fili ko masana'anta, zai ba da rabin ƙimarta, amma a hankali cikin shekara 30. Da kuɗin aka biya diyya, aka ba da rancen gina gida da na jari. Su kuma sun zo da sana'a a hannu. Masu aikin gilashi na Gablonz, waɗanda duwatsun wuyansu ke zuwa har kasuwannin Afirka ta Yamma tun da, suka kafa sabuwar unguwa a Bavaria a filin tsohuwar masana'antar albarushi, suka sa mata Neugablonz, suka ci gaba da sana'arsu. Shugabannin korarrun kuma a Stuttgart, ran 5 ga Agusta 1950, sun sanar cewa sun bar ramuwa, ko da yake ba su bar maganar komawa gida ba.

Hauwa: Ita iyakar yaushe aka yarda da ita?

Malam Sani: Jamus ta Gabas tun 1950. Ta Yamma kuwa ta yi ta jan ƙafa, saboda babu ɗan siyasar da ke son ya rasa ƙuri'un korarru. A 1965 manyan limaman Katolika na Poland suka rubuta wa takwarorinsu na Jamus cewa mun yafe, muna kuma neman a yafe mana, gwamnatinsu ta yi musu ca. Ran 7 ga Disamba 1970 Willy Brandt, shugaban gwamnatin Jamus ta Yamma, ya sa hannu a yarjejeniyar amincewa da iyakar a Warsaw, ranar da ya durƙusa a gaban dutsen tunawa da Yahudawan birnin. A gida wasu suka kira shi maci amana. Ba a rufe maganar a doka ba sai 14 ga Nuwamba 1990, bayan haɗewar Jamus.

Bashir: Ta ɓangaren Chek fa, an soke dokokin Beneš?

Malam Sani: Ba a soke ba. A 1997 ƙasashen biyu suka fitar da sanarwa, kowa ya nuna nadamar abin da ɓangarensa ya yi, aka ajiye batun dukiya gefe. A 2009 ma shugaban Chek, Václav Klaus, ya ƙi sa hannu a yarjejeniyar Lisbon ta Tarayyar Turai sai da aka ba shi tabbaci, don tsoron kada jikokin korarru su zo kotu neman gidaje. Birnin Brno shi ne ya yi nasa daban: a 2015 majalisar birnin ta bayyana nadama, kuma ana yin tattaki duk shekara daga Pohořelice zuwa cikin gari.

Bashir: Ni dai da ni ne Klaus, Malam, ban ce ba zan yi yadda ya yi ba. Gidan da mutum uku suka gada a jere, wa za ka fitar?

Hauwa: Ku biyun sai ku ƙarasa a waje, lokaci ya cim mana. Masu sauraro, mun gode, sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu. Wassalamu alaikum.