Kati Outinen: jarumar Finland da ta ci kyautar Cannes ba tare da ta ɗaga murya ba

Jama'a barkanmu da warhaka. Yau Finland za mu nufa, can ƙarshen arewacin Turai kusa da Rasha, ƙasar da mutanenta duka duka ba su wuce miliyan biyar da rabi da 'yan kai ba, kuma maganar wata jaruma za mu yi mai suna Kati Outinen. Idan ka saba da finafinan da jaruma za ta faɗi ƙasa tana birgima tana ihu kafin a yarda cewa ranta ya ɓaci, to ka gyara zama don wannan matar ba haka take aikinta ba sam. Ita sai a ci mutuncinta a fim, a kore ta daga aiki, a yaudare ta, amma fuskarta ƙyam, ko gira ba za ta ɗaga ba, kuma duk da haka kai mai kallo sai ka ji wani abu ya tokare maka ƙirji.

An haife ta a Helsinki, babban birnin ƙasar, ranar 17 ga Agusta 1961. Fim ɗinta na farko ya fito a 1980 tana 'yar shekara goma sha takwas, wani fim ne na Tapio Suominen kan yara matasa masu taurin kai da makaranta ta gaji da su, kuma ya yi kasuwa sosai a Finland lokacin. Daga nan ta shiga babbar makarantar koyon wasan kwaikwayo ta Helsinki ta gama a 1984. Toh a nan akwai abin da mutane da yawa ba su lura da shi ba, a shekarun da take makarantar akwai wani malami mai suna Jouko Turkka wanda ya yi ƙaurin suna wajen wahalar da ɗalibai, shi horonsa na jiki ne, a yi gudu a yi gumi a yi ihu har sai ɗalibi ya fita hayyacinsa, har yau ana gardama a Finland kan ko gyara ya yi ko ɓarna. Kaga kenan matar nan da ake cewa ba ta motsa fuska, daga makarantar ihu da tsalle ta fito. Iya yin ta ta iya, ƙin yi ta yi da gangan.

Bayan makaranta ta yi kusan shekara goma a gidan wasan KOM da ke Helsinki, gidan wasa ne da aka san shi da ra'ayin 'yan gurguzu da goyon bayan ma'aikata tun farkon shekarun 1970. Dare bayan dare tana kan dandamali a gaban mutane, inda babu a yanke a sake ɗauka, in ka yi kuskure kowa ya gani.

Amma abin da ya fitar da sunanta waje shi ne haɗuwarta da darakta Aki Kaurismaki. A 1986 ya saka ta a fim ɗinsa Varjoja paratiisissa, wato inuwoyi a aljanna, inda ta fito a Ilona mai karɓar kuɗi a kanti, shi kuma Matti Pellonpaa ya fito a direban motar kwasar shara. Soyayya ce fa, amma irin wadda ranar farko da zai fita da ita sai ya kai ta wajen da ake buga wasan bingo, su zauna shiru kamar an yi musu mutuwa. Shi Kaurismaki tsarinsa kenan, magana kaɗan, kyamara a tsaye wuri ɗaya, ba ya son ɗan wasa ya riƙa nuna wa mutane cewa ga shi yana wasa, kuma ba ya yawan maimaita ɗauka. Labaransa kuma kullum na talakawa ne, direbobi, masu wanke kwanuka, 'yan masana'anta, waɗanda sauran finafinai ke wucewa ta gefensu ba a ko tambayi sunansu ba.

Yanzu bari mu tsaya a kan fim ɗin 1990, Tulitikkutehtaan tytto, yarinyar masana'antar ashana, don ni a ganina nan ne ta yi aikin da ya fi kowanne. Fim ɗin gajere ne, bai kai minti saba'in ba, kuma za ka yi minti goma da wani abu kana kallo ba wanda ya ce uffan, injina kawai kake gani suna yanka itace suna zuba ashana a kwali, sai ga Outinen a matsayin Iris a tsaye tana duba takardar da ake mannawa a jikin kwalayen. Ta tashi aiki ta hau mota ta koma gida ta dafa wa uwarta da mijin uwarta abinci, su ci suna kallon labaran zanga-zangar dandalin Tiananmen na China a talabijin, ba sannu ba na gode, albashinta ma su take miƙa wa. Da dare ta yi kwalliya ta je gidan rawa ta zauna a benci, maza su zo su ɗauki ta damanta su ɗauki ta hagunta ita a bar ta, sai kwalaben lemon da ta sha jere a ƙasa kusa da ƙafarta. Wallahi wannan wurin kaɗai ya isa, ba hawaye ba kiɗan tausayi, kwalabe kawai da mace tana kallon gabanta.

Wata rana ta cire kuɗi daga albashin ta sayi jar riga, mijin uwar ya zabga mata mari ya zage ta. Ta saka rigar duk da haka ta fita, ta haɗu da wani mai kuɗi Aarne wanda shi a tunaninsa mace ce ta dare ɗaya, ita kuma ta ɗauka mijin aure ta samu. Ciki ya shiga, ta rubuta masa doguwar wasiƙa, shi kuma ya aiko da cek da layi ɗaya cewa ta zubar. Mota ta buge ta cikin ya zube, a gida kuma aka ce ta tattara ta bar musu ɗaki. Sai baiwar Allah ta shiga kantin magani ta sayi gubar ɓera. Ba zan faɗi su waye suka sha ba, amma abin da zan ce ku lura da shi shi ne fuskar da take duba kwalin ashana da ita a farkon fim da ita take zuba gubar a kofi, bambancin ɗan ƙanƙani ne a ido da gefen baki, kuma wannan ɗan bambancin shi ne duka fim ɗin. Da wata jarumar ce da an ga tafasar zuciya da zare ido, kuma da abin ya zama wasan yara. Wannan rawar ta ba ta kyautar Jussi, wadda ita ce babbar kyautar fim ta Finland.

Sai shekarun 1990 suka zo wa Finland da masifa. Tarayyar Sobiyet da suke sayar wa kaya ta ruguje a 1991, bankuna suka shiga rikici, rashin aikin yi da yake kusan kashi 3 cikin ɗari a 1990 ya haura kashi 16 a 1994. Kaurismaki ya shirya fim kan wannan halin kuma Pellonpaa aka tsara zai ja fim ɗin, sai kwatsam a watan Yuli 1995 Pellonpaa ya rasu yana da shekara 44. Dole aka sake rubuta labarin aka ɗora nauyin a kan Outinen, shi ne Kauas pilvet karkaavat na 1996. Ta sake fitowa da sunan Ilona, shugabar masu hidima a wani tsohon gidan abinci mai suna Dubrovnik, mijinta Lauri direban taragon cikin gari ne, ga talabijin sun ci bashinta suna biya kaɗan kaɗan, sai duk su biyun aiki ya ƙwace musu kusan lokaci ɗaya. A cikin ɗakinsu akwai hoton wani ƙaramin yaro a kan kantar ɗakin, ɗansu da ya rasu a labarin, ba a taɓa yin bayaninsa da baki ba, sai dai ka ga Ilona ta tsaya a gefensa shiru. Hoton nan na Pellonpaa ne na gaske lokacin yana yaro. Kenan a wurin nan abokin aikinta na shekara da shekaru take tsaye a kai, kuma ko a nan ma ba ta bari fuskar ta karye ba.

A 1999 ma har fim marar magana gaba ɗaya suka yi, baƙi da fari, mai suna Juha, daga wani tsohon littafin Juhani Aho na 1911. Wannan kam bai yi tashe kamar sauran ba, mu wuce.

2002 ita ce shekararta. Mies vailla menneisyytta, mutumin da ba shi da jiya, labarin wani ne da ya sauka jirgin ƙasa a Helsinki 'yan daba suka yi masa dukan kawo wuƙa ya manta sunansa da komai nasa, ya koma zama cikin kwantena a bakin teku tare da marasa galihu. Markku Peltola ne ya fito a mutumin, ita kuma ta fito a Irma, ma'aikaciyar ƙungiyar agajin Kiristoci ta Salvation Army mai raba wa mabuƙata miya, mace mai kamun kai cikin yunifom wadda in dare ya yi ta shiga ɗan ɗakinta sai ta kunna kiɗan rok a rediyo a hankali. Lokacin ta haura arba'in, ba kwalliya ba gayu, amma a bikin finafinai na Cannes a Faransa alƙalai ƙarƙashin darakta David Lynch suka ba ta kyautar gwarzuwar jaruma, fim ɗin kuma ya samu Grand Prix wadda ita ce ta biyu a girma. Har karyar da ta fito a fim ɗin, Tahti, sai da ta samu kyautar karnuka da ake bayarwa a gefen bikin, abin dariya. Fim ɗin ya shiga takarar Oscar a 2003 amma Kaurismaki ya ƙi zuwa Amurka saboda yaƙin Iraƙi.

Toh wani zai zaci bayan Cannes sai Hollywood, ina, a shekarar nan ta 2002 ta koma makarantar da ta yaye ta a matsayin farfesar wasan kwaikwayo, ta zauna tana koyarwa har 2013. Ta kuma taɓa sa hannu a rubutun Salatut elamat, wani wasan talabijin mai dogon zango da 'yan Finland ke kallo da yamma tun 1999, irin wanda ake cin amana ana tonon asiri kowane mako, ka ga ai ba ta raina kowane irin aiki ba.

Ta dawo wajen Kaurismaki a 2011 a fim ɗin Le Havre, wannan karon da Faransanci, ta fito a Arletty matar wani dattijo mai goge takalma da ya ɓoye wani yaro ɗan Afirka mai suna Idrissa daga hannun 'yan sanda, ita kuma tana kwance asibiti tana roƙon likita kar ya gaya wa mijin tsananin ciwonta. A 2017 kuma ta ɗan leƙo na 'yan mintuna a fim ɗinsa kan ɗan gudun hijirar Siriya, a matsayin mai shagon riguna da ta gaji da Finland tana shirin tattarawa ta koma Meziko. Fim ɗinsa da ya fito a 2023 kuma wata jaruma Alma Poysti ce ta ja shi, ita ma a matsayin ma'aikaciyar kanti. In za ku nema ku fara da na 2002 don ya fi sauƙin shiga kuma akwai dariya a ciki, na ashanar ku bar shi sai ranar da kuke da ƙarfin zuciya.