Sharhi: Hukuncin Nuremberg da Yadda Ya Iso Har Kano

Jama'a masu sauraro, barkanmu da warhaka.

Ranar 20 ga Nuwamba, 1945, wata shida bayan Jamus ta miƙa wuya a Yaƙin Duniya na Biyu, aka buɗe zaman wata kotu a birnin Nuremberg na ƙasar Jamus. Waɗanda aka gurfanar su ne manyan gwamnatin Hitler da suka rage, domin shi kansa Hitler da manyan muƙarrabansa Himmler da Goebbels sun riga sun kashe kansu. Da farko ma ba kowa ke son a yi shari'ar ba. Firaministan Birtaniya, Winston Churchill, ya so a harbe su kawai a huta. Amurka ce ta dage sai an kafa kotu, an kawo shaidu, an ba kowane wanda ake tuhuma lauya. Daga ƙarshe ƙasashe huɗu, wato Amurka da Birtaniya da Faransa da Tarayyar Sobiyet, suka rattaba hannu a kan yarjejeniyar kafa kotun a Landan ranar 8 ga Agusta, kowace ta kawo alƙalanta.

Mutum 22 aka yi wa shari'a, ɗaya a bayan idonsa. Ranar 1 ga Oktoba, 1946, aka yanke wa 12 hukuncin rataya, uku ɗaurin rai-da-rai, huɗu ɗaurin shekara 10 zuwa 20, aka sallami uku. Hermann Goering, babba a cikinsu, ya sha guba a daren da za a rataye shi.

Abin da ya sa har gobe ake maganar wannan kotu shi ne ƙofofi biyu da ta rufe. Ta ce muƙami, ko da na shugaban ƙasa ne, ba ya wanke mai laifi. Ta kuma ce soja ko ma'aikaci ba zai kuɓuta don ya ce "umarni aka ba ni" ba. Iyakarta a sassauta masa. Wilhelm Keitel, babban hafsan sojojin Jamus, da wannan hujja ya kare kansa, kuma bai tsira daga igiya ba.

To, amma kada mu mayar da ita kotun mala'iku. Waɗanda suka ci yaƙi su ne masu ƙara, su ne alƙalai. Ba wanda ya tambayi dalilin ruwan bama-bamai a kan fararen hula a Dresden ta Jamus ko Hiroshima ta Japan. Masu gabatar da ƙara na Sobiyet ma sun yi ƙoƙarin ɗora wa Jamusawa kisan dubban hafsoshin Poland a dajin Katyn, alhali su ne suka aikata, kamar yadda Mosko ta amsa da bakinta a 1990. Kura ce ke ce wa kare maye. Duk da haka, dokar da aka kafa ta fi waɗanda suka kafa ta tsafta, kuma raunana sun zo sun yi amfani da ita.

Maƙwabtanmu na Chadi shaida ne. Hissène Habré ya mulki ƙasar daga 1982 zuwa 1990, ya gudu Senegal ya yi zamansa. Waɗanda suka tsira daga kurkukunsa suka bi shi fiye da shekara 20, har wata kotu ta musamman da Tarayyar Afirka da Senegal suka kafa a Dakar ta yanke masa ɗaurin rai-da-rai ranar 30 ga Mayu, 2016.

Wadda ta fi shafarmu kuwa, wata shari'a ce da ba a cika ambatonta ba. Bayan babbar kotun, Amurkawa sun gurfanar da mutum 23 a Nuremberg ɗin, 20 daga cikinsu likitoci, kan gwaje-gwajen da suka yi a jikin fursunoni: wasu an tsoma su cikin ruwan ƙanƙara, wasu an sa musu zazzaɓin cizon sauro da gangan. A hukuncin watan Agusta na 1947, alƙalan suka zayyana ƙa'idoji goma na gwajin magani a jikin ɗan Adam. Ta farko ita ce dole a sami yardar mutum, bisa son ransa, bayan ya fahimci abin da za a yi masa.

A 1996, lokacin da annobar sanƙarau ta addabi Arewa, kamfanin magunguna na Amurka mai suna Pfizer ya gwada sabon magani mai suna Trovan a Asibitin Zana da ke Kano. Yara kusan 200 aka sa a gwajin, rabi aka ba su Trovan, rabi wani maganin da aka saba da shi. Yara 11 suka rasu, wasu suka nakasa. Iyaye suka ce ba a gaya musu gwaji ne ba. Kamfanin ya musanta, ya ce an yi musu bayani da baki sun amince, kuma cutar ce ta yi ɓarnar, ba maganin ba.

Iyayen suka kai ƙara har New York, aka kori ƙarar, suka ɗaukaka. A watan Janairun 2009 kotun ɗaukaka ƙara ta tarayyar Amurka ta ce suna da hurumin a saurare su, domin gwajin magani ba da yardar mutum ba ya saɓa wa dokar da duniya ta amince da ita. Cikin manyan hujjojin da alƙalan suka dogara da su har da ƙa'idojin nan na 1947. A shekarar ce kuma kamfanin ya yi sulhu da gwamnatin Jihar Kano a kan dala miliyan 75, ba tare da ya amsa laifi ba. Sai a 2011, bayan gwajin ƙwayoyin halitta don tabbatar da dangantaka, aka biya iyalai huɗu na farko dala 175,000 kowannensu, shekara 15 bayan rasuwar 'ya'yansu.

A nan muka kawo ƙarshen sharhin namu na yau. A ci gaba da sauraron sauran shirye-shiryenmu.