Yadda Ake Buga Gem ɗin PlayStation 1 a Kwamfuta da DuckStation

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da warhaka. Yau PlayStation ta farko za mu tayar a kwamfuta, wadda Sony ta fitar a Japan a 1994, irin wadda ake layi a gidan gem don a buga Winning Eleven. Manhajar da nake so ita ce DuckStation, wadda take kwaikwayon PS1 a kwamfuta. Wasu sun fi son RetroArch saboda tana ɗaukar Sega da Nintendo duk a wuri ɗaya, amma menu ɗinta ya cika kwana-kwana, ni dai ba na son wahala.

Na ɗauka kun sauke DuckStation kun warware zip ɗin, ba sai na nuna wannan ba. Sai BIOS, wato ɗan fayil ɗin da ke cikin na'urar kanta, shi ne yake kawo tambarin Sony da ƙarar nan ta farko. Ba ya zuwa tare da manhajar, daga taka na'urar ake ciro shi. Nawa sunansa scph1001.bin, na Amurka ne. Ku shiga Settings, BIOS, ku ga foldar da take dubawa, ku jefa shi ciki. Shi ke nan.

To yanzu ku natsu, nan ne inda ake yawan turo mini saƙo. Idan ka kwafi faifan gem zuwa kwamfuta, fayil biyu za ka gani, ko fiye: bin da cue. Bin shi ne mai nauyi, cue kuma ko kilobait ɗaya da kyar yake kaiwa, shi ya sa mutane suke goge shi suna cewa shara ce. Kada ka taɓa shi! Cue shi ne yake gaya wa manhajar inda bayanan gem suka ƙare da inda kiɗa ya fara. Ɗauki Tomb Raider ta 1996: kiɗanta daban yake a kan faifan. Ka buɗe bin na farko shi kaɗai, gem zai tashi lafiya lau, amma ba kiɗa, ka yi ta zargin sifika; don haka cue ɗin za ka buɗe a DuckStation.

Bari in buɗe cue ɗin da Notepad ku gani. A'a, wannan bin ne na danna, Windows ta ɓoye ƙarshen sunayen. Ku je View ku kunna File name extensions. Yauwa, ga shi. Kun ga layin da ya fara da FILE? Sunan da ke gabansa dole ya zama daidai da sunan bin ɗin, harafi da harafi. In ka canja wa bin suna don ya yi kyau, ka manta ba ka gyara nan ba, gem ba zai buɗe ba. Gyara, ka adana, ka rufe.

Sai pad. Controllers, Automatic Mapping, ka zaɓi naka. Na USB mai waya nake amfani da shi, ba ruwana da caji. 

A ɓangaren hoto, ƙara Internal Resolution zuwa 3x in kwamfutarka tana da ƙarfi. In tsohuwa ce bar ta a 2x. Kunna PGXP, shi yake hana bango da jikin 'yan wasa yin rawar nan da aka san PS1 da ita. Kuma in kana da zaɓi, ɗauki gem na Amurka ko Japan, suna gudu a 60Hz, na Turai 50 ne, da yawansu za ka ji sun ɗan yi nauyi.

F2 tana adana inda kake, F1 ta dawo da kai. To bari in ɗauki Brazil a Winning Eleven, mu ga ko hannuna yana nan.